Mataki na Bakwai

"Maimaita mini sunan da ake kiranka."

Saurayin yana tsugune a gaban bencin Magini, kansa a sunkuye. Wannan ne zuwansa na uku, kuma duk zuwa sai an yi masa tambayar nan.

"Sannu-Sannu, Baba."

Unguwa ce ta raɗa masa sunan tun yana ƙarami, don ba ya gaggawa a tafiya, ba ya yi a magana, ko ƙusa zai buga sai ya dube ta tukuna.

Magini ya yi wata dariya wadda ba ta kai ciki ba. Ya juya wajen ƙanwarsa Gwaggo, wadda ke zaune a bakin ƙofar ɗakinta.

"Kin ji ikon Allah. Shekara goma sha ɗaya ina jiran sannu ƙwaya ɗaya daga bakin ubansa, ashe tara su ya yi har biyu ya liƙa wa ɗansa."

Gwaggo ta ja tsaki. Mai Kemis, wanda ke durƙushe yana shafa wa Magini man zafi a ƙugu, ya ƙyalƙyale da dariya har kwalbar ta kusa suɓuce masa. Wata shida ke nan yana zuwa shafa man nan kullum da yamma, kuma kowa ya san ba don ƙugun yake zuwa ba.

A cikin ɗaki, keken ɗinkin Auta, 'yar Magini, ya tsaya cak.

Ba wanda bai san labarin ba a unguwar. Magini da Kafinta, uban saurayin, aminai ne na ƙut da ƙut, kwano ɗaya suke ci a wurin aiki. Kafinta ne ya haɗa wa Magini tsani. Ranar farko da Magini ya hau shi, da bulo a kafaɗa, mataki na bakwai ya ɓalle. Ya faɗo a kan tulin bulo, ƙugunsa ya karye. Da aka duba matakin, sai aka ga ƙusa ɗaya ce a gefe guda, inda ake buga biyu.

Daga ranar Magini bai sake ɗora bulo a kan bulo ba. Kafinta kuma bai taɓa tako ƙofar gidan ba, ko da sannu.

"Baba," in ji Sannu-Sannu a hankali, "ni ban zo da gardama ba. Abin da ya faru ya faru, kuma ban ce ƙarami ba ne. Auta nake so, ita ma tana sona. Duk abin da ka ce in yi, zan yi."

"Duk abin da na ce?"

"Duk abin da ka ce."

Magini ya ɗaga sandarsa mai lanƙwasasshen kai, ya nuna rufin ɗakinsa.

"Ka ga kwanon can na kusurwa? Yoyo yake yi, ga damina ta ƙarato. Ranar Asabar da safe ubanka ya zo ya canza shi. Ubanka fa na ce, ba kai ba. Kuma ba da tsaninsa zai zo ba. Ni zan haɗa masa tsani da hannuna, kamar yadda ya taɓa haɗa mini. In ya hau ya gyara ya sauko, ka ɗauki Auta, na ba ka."

Hannun Mai Kemis ya tsaya a kan ƙugun.

"Baba, ai da ka bari na kawo maka masu gyara, ko gobe ma..."

"Ci gaba da shafarka." Magini bai ko dube shi ba. "In kuma uban naka bai zo ba, ga wanda ya san ciwona, shi zan ba. Maganar ta ƙare."

Sannu-Sannu ya ɗago kai, fuskarsa ta washe kamar wanda aka yi wa albishir.

"Na gode, Baba. Allah ya ƙara girma."

"Ka ajiye godiyarka sai Asabar."

* * *

Kwana biyu Magini ya yi yana haɗa tsanin a tsakar gida. Yana zaune a kan tabarma, ƙafarsa mai ciwo a miƙe, yana awo yana bugu. Auta tana jin ƙarar gudumar daga kan kekenta, zuciyarta fari fat. Har waƙa ta riƙa yi ƙasa-ƙasa.

Ranar Alhamis da la'asar ta fita kai wa wata mata ɗinki. Ta yi nisa sai ta tuna ta bar ɗankwalin a kan keke, ta juyo.

Tun daga ƙofar gida ta ji ƙarar. Ba ta guduma ba ce. Zarto ne, ana ja a hankali kamar ba a so a ji.

Ta leƙa.

Tsanin yana kife. Babanta ya duƙa a kan mataki ɗaya yana yanka shi ta ƙasa. Da ya kusa rabawa sai ya tsaya, ya kwaɓa garin katako da gam, ya cusa a cikin yankan, ya shafa ƙasa a kai har ya saje. Gwaggo na tsaye a kansa riƙe da gwangwanin gam ɗin.

Auta ta ƙirga daga ƙasa. Ɗaya, biyu, uku... bakwai.

Ƙunshin ɗinkin ya faɗi daga hannunta.

"Baba!"

Bai firgita ba. Ya goge hannunsa a jikin wandonsa.

"Shigo ki rufe ƙofa."

Ta shigo, ta zube a gabansa.

"Baba, mene ne wannan? Don girman Allah ka ce mini idona ne."

"Ba idonki ba ne."

"Tsoho ne fa! In ya faɗo zai iya mutuwa!"

"Ni na mutu?" Ya buga ƙugunsa da tafin hannu. "Da ma mutuwar na yi, da na huta. Mataki na bakwai na ba shi, daidai wa daida. Ban ƙara masa ko ɗaya ba."

Gwaggo ta dire gwangwanin.

"Ke rufe mana baki, mara kishin uba! Rama cuta ga macuci ibada ne. Kina shekara nawa lokacin? Kin manta wa ke ɗaga shi a kai shi bayan gida? Uwarki ce! Shekara huɗu tana ɗaga namiji ƙato, har bayanta ya tafi, har ta kwanta ba ta tashi ba. Wancan baƙin mugun ko gaisuwar rasuwarta ya zo? Shi ne za ki kwashi ƙafa ki shiga gidansa ki riƙa durƙusa masa?"

Hawaye suka ɓalle wa Auta.

"Ban manta ba, Gwaggo. Wallahi ban manta ba. Ni nake riƙe ƙafarsa in Inna ta ɗaga kafaɗa. Amma in ya karye, Inna za ta dawo? Ƙugun Baba zai miƙe?"

"Zan yi barci," in ji Magini.

Ta dube shi.

"Shekara goma sha ɗaya, duk na rufe ido sai na ji ƙarar matakin nan. Ƙas! Ina so shi ma ya ji ta. Ba ƙugun ne ya fi yi mini ciwo ba, Auta. Wata uku ina kwance a asibiti, fuskata na kallon ƙofa. Duk takun da na ji sai in ce ga shi nan. Mai gadi ya zo. Mai sayar mana da ruwa a wurin aiki ya zo. Har wanda muka taɓa dambe da shi ya zo. Aminina bai zo ba."

"To ka hana ni auren, Baba. Na haƙura, wallahi na haƙura. Ka fasa tsanin nan, ni kuma ba zan ƙara ambaton ɗansa ba."

"Auren naki daban, wannan daban."

"Ashe da ni ka ɗana tarkon?" in ji Auta. "Ni ce ƙwayar hatsin da ka zuba?"

Mari Gwaggo ta kawo mata, Magini ya tare da sanda. Sannan ya sunkuyo har tana jin numfashinsa.

"Saurara da kyau. In kalma ɗaya ta fita daga bakinki a kan matakin nan, ga shi ko ga ubansa ko ga kowa, ban yafe miki ba. Duniya da lahira. Kin ji ni?"

Kuka ya ci ƙarfinta.

"Na ce kin ji ni?"

"Na ji, Baba."

* * *

Washegari da hantsi ta nufi shagon Kafinta.

Sannu-Sannu yana bakin shagon yana goge ƙafar tebur. A can ciki tsohon yana zagaya wata kujera da ya gama, yana ƙwanƙwasa kowace gaɓa da ƙaramar guduma, yana kara kunne. Haka yake yi wa duk abin da ya haɗa. Masu saye har ba'a suke masa, wai likitan katako.

"Auta!" Sannu-Sannu ya miƙe yana karkaɗe rigarsa. "Kin ga kwanon can? Sabo fil, ni na zaɓo shi. Da na gaya wa Babana sharaɗin, sai ya tashi ya wasa..."

"Kada ya zo."

Ya tsaya da baki buɗe.

"Ka ce masa kada ya zo gobe. Na fasa."

"Kin fasa me?"

"Auren. Ba na so."

Ya yi murmushi, yana jiran ta yi dariya. Ba ta yi ba. Idanunta sun kumbura, sun yi ja.

"Wa ya taɓa ki?"

"Ba kowa."

"Gwaggo ce?"

"Na ce ba kowa! Ba ni da ikon canza ra'ayi ne?"

Ya ajiye abin gugar a kan tebur, a hankali yadda ya saba.

"Shekara biyu, Auta. Sau uku na durƙusa ana yi mini dariya a gaban wani ƙato mai ƙarnin man zafi. Ban taɓa gaya miki abin da nake ji in na fito ba. Yanzu saura kwana ɗaya, ki ce kin fasa? Ki ba ni dalili ko ɗaya ne, in riƙe."

Dalilin yana kan harshenta. Ta cije shi har ta ji ɗanɗanon jini.

"Ba ni da dalili."

"To ni ina da shi." Muryarsa ta canza, ba ta taɓa jin ta haka ba. "Shagon Mai Kemis na da gilashi da fanka. Nawa garin katako ne da tsatsa. Da kin faɗa tun farko, da ban ja tsohona cikin abin kunya ba."

"Haka ka ɗauke ni?"

"Yaya zan ɗauke ki? Ke kika ce ko a ƙarƙashin teburin nan ne za ki zauna da ni!"

"Eh, na faɗa, yanzu kuma na janye! Ka ɗauka kwaɗayi ne, ka ɗauka duk abin da ka ga dama, ka tsane ni in kana so. Amma ka rantse mini ba zai zo ba."

Ta kama hannun rigarsa tana kuka. Ya zare a hankali.

"Ba zan rantse ba. In kin fasa, ki faɗa gobe a gaban babanki da nawa."

Ƙwanƙwasar ta tsaya a cikin shago. Kafinta ya leƙo, siririn tsoho mai furfura har a gira. Ya daɗe yana kallon fuskarta.

"'Yata, ki gaida babanki," ya ce. "Ki ce masa ina tafe. Ko da aure ko babu, rufinsa na yoyo."

Ta juya da gudu.

A hanya sai da ta bi ta gaban kemis. Mai shagon yana tsaye a ƙofa, hannu a aljihu, turarensa har tsakiyar titi.

"Ranki ya daɗe, wa ya sa ki kuka? Shigo in ba ki maganin ciwon kai."

"Riƙe abinka."

"Ni fa ba na gaggawa. Ya zo, nawa ne. Bai zo ba, nawa ne."

Ta tsaya. Ta dube shi sama da ƙasa.

"Me ka sani da har kake cewa in ya zo naka ne?"

Ya ɗaga kafaɗa yana murmushi.

"Ni dai gam aka aiko a saya a wurin maƙwabcina. Mai haɗa tsani da ƙusa, me zai yi da gam?"

"Kuma ka yi shiru."

"Ke kin yi magana?"

Maganar ta soke ta har ƙashi.

"Allah ya isa," ta ce. "Ka tanadi bandeji, gobe kasuwarka za ta buɗe. Amma ko maza sun ƙare, in auri turmi in bar ka."

* * *

Asabar da safe, rana ta ɗan ɗaga, suka yi sallama.

Kafinta ne a gaba da jakar kayan aiki. Sannu-Sannu na biye da fallen kwano a ka. Bai dubi wajen da Auta take ba.

Magini yana kan bencinsa, ya sa rigarsa mai kyau. Gwaggo na gefensa. Mai Kemis ya riga kowa zuwa. A gindin bangon da za a jingina tsanin, an tara fasassun bulo.

Tsofaffin biyu suka dubi juna. Shekara goma sha ɗaya suna unguwa ɗaya, wannan ne karon farko da suka tsaya kusa haka.

"Ka tsufa," in ji Magini.

"Kai ma."

"Ni ai da taimakonka na tsufa. Ga tsani can."

Tsanin yana kwance a ƙasa. Kafinta ya tsuguna, ya zaro ƙaramar gudumarsa.

"Me za ka yi?" Gwaggo ta zabura. "Aiki aka kira ka ko duba?"

"Hannuna ne ya saba, Gwaggo. Ki yi haƙuri."

Ya ƙwanƙwasa na farko. Tas. Na biyu, tas. Na uku, na huɗu, na biyar, na shida, duk murya ɗaya.

Ya ƙwanƙwasa na bakwai.

Ɗuf.

Ƙaramar ƙara ce, wanda ba kafinta ba ba zai ji bambanci ba. Amma kafintoci biyu ne a gidan. Fallen kwanon ya zame daga kan Sannu-Sannu ya faɗi da ƙara. Ya juya ya dubi Auta, ita kuma ta rufe fuskarta da mayafi. A take ya gane kukan jiya.

Kafinta bai ɗago ba. Ya wuce na takwas, na tara, har ƙarshe. Sannan ya miƙe.

"Aiki ya yi kyau. Ɗaga mini shi."

"Baba, ni zan hau."

"Ubanka na ce," in ji Magini.

"Baba, ka ji abin da na ji! Wallahi ba za ka..."

"Tun da na haife ka na taɓa roƙonka wani abu?" Kafinta ya dafa kafaɗarsa. "To yau na roƙe ka. Ɗaga, ka riƙe, ka yi shiru."

Hawaye na zuba a fuskar saurayin ya jingina tsanin. Ya riƙe shi har jijiyoyin hannunsa suka fito.

Tsohon ya cire takalmansa. Ya taka na farko.

Na biyu.

Auta tana ƙirgawa a zuci. Ta dubi babanta. Idonsa na kan matakin, ya damƙe sandarsa da hannu biyu.

Na huɗu. Na biyar.

Ban yafe miki ba, duniya da lahira.

Na shida.

"Kada ka taka!" Ihun ya fita kafin ta san ta buɗe baki. "Baba Kafinta, kada ka taka, an yanke shi! Na bakwai a yanke yake!"

Gwaggo ta ɗora hannu a ka. "La'ananniya! Kin kashe kanki!"

Auta ta zube a ƙasa. "Baba, ka tsine mini, na yarda. Gara ni in ɗauka da a ce ubana ya karya mutum da gangan."

Magini bai dube ta ba.

Daga kan tsanin Kafinta ya ce, "Na sani, 'yata. Guduma ta riga ki faɗa. Allah ya yi miki albarka."

"Ka sani?" in ji Magini. "Ka sani kake hawa?"

"To me na zo yi?"

Ya juyo da kansa, yana riƙe da gefen tsanin.

"Ƙusa ce ta ƙare mini ranar. Saura ɗaya, na buga ta, na ce da safe in ƙara. Da safe ka zo kana sauri, ka saɓa tsanin ka wuce. Ina kallonka. Ina shan shayi, muna dariya da masu shago, har na ɗaga maka hannu. Sai da aka zo aka ce ka faɗo na tuna."

Ya sunkuyar da kai, ya ci gaba.

"Na je asibitin. Na kai bakin ƙofar ɗakin, na ji ana gyara maka ƙashi kana ihu kana kiran sunana. Ƙafata ta ƙi shiga. Na ce gobe. Gobe ta yi, na ce yanzu zai ce ina nake jiya. Haka kalmar ta riƙa ƙara nauyi, har ta fi ƙarfin bakina. Ranar da matarka ta rasu na tsaya a bayan katangar can har aka watse. Ni matsoraci ne, ban da wata hujja."

"Ƙarya kake!" in ji Gwaggo. "Daɗin baki ne!"

"Bakina ya kasa, to bari ƙafata ta biya. Abu ɗaya na roƙa. In na faɗo, mun yi daidai. Kada ka hana yaran nan, kuma ka janye abin da ka ɗora wa 'yarka."

Ya ɗaga ƙafarsa ta dama.

Ba wanda ya ga lokacin da Magini ya tashi. Mutumin da sai an kama shi yake miƙewa, sai ga shi a gindin tsanin cikin taku uku. Ya ɗaga sandar, ya saƙala lanƙwasar a mataki na bakwai, ya ja da duk nauyin jikinsa.

Ƙas!

Matakin ya rabe biyu, ƙafar Kafinta na rataye a iska. Sandar ta kuɓuce, Magini ya tafi da baya, ya faɗi tim a kan ƙugunsa mai ciwo.

Kafinta bai san yadda ya sauko ba. Ya ture Mai Kemis da ke ƙoƙarin buɗe kwalba, ya durƙusa ya tallafo kan amininsa.

"Sannu! Wayyo, sannu! Sannu, ɗan'uwana, ka ji ciwo?"

Sai ya yi shiru, don ya ji abin da ya fito daga bakinsa.

Magini yana kwance yana haki, idonsa a kan fuskar tsohon. Hawaye ya gangaro ta gefen idonsa ya shige kunne.

"Shegen kaya," ya ce da ƙyar. "Ashe sai na sake faɗuwa za ka iya."

Aka zaunar da shi. Ya ƙi man zafin. Ya ƙi ruwan da Gwaggo ta kawo.

Mai Kemis ya gyara murya.

"To, Baba, alhamdu lillahi ba a ji ciwo ba. Amma magana magana ce. Cewa ka yi in ya hau ya gyara ya sauko. Bai hau ba, bai gyara ba. Ko ba haka ba, Gwaggo?"

"Haka ne," in ji Gwaggo da sauri. "Sharaɗi bai cika ba."

Magini ya sa hannu a aljihun rigarsa, ya zaro wani ƙullin tsumma, ya warware. Ƙusa ce guda ɗaya, ta lanƙwashe, ta yi tsatsa.

Ya jefa ta a gaban Kafinta.

"Ga tsiyarka. Shekara goma sha ɗaya tana aljihuna. Ka miƙe ta, ka nemo mata 'yar'uwa. Rana ba ta faɗi ba tukuna."

Kafinta ya ɗora ƙusar a kan bulo ya miƙe ta. Sannu-Sannu ya ciro guntun katako mai ƙwari daga jaka, ya yanka daidai. Suka kwantar da tsanin. Biyu a dama, biyu a hagu. Tsohon ya ƙwanƙwasa.

Tas.

Da aka sake jingina tsanin, Sannu-Sannu ya matso zai riƙe.

"Kauce," in ji Magini. "Kai za ka miƙa masa kwano."

Ya dogara sandarsa ya ja ƙafa har gindin tsanin. Mutum ba ya riƙe tsani da hannu ɗaya. Ya dubi sandar, ya dubi Gwaggo, ya dubi Mai Kemis da ya miƙo hannu. Sannan, karo na farko tun da ta yi ihun, ya juya wajen 'yarsa da ke durƙushe a ƙasa.

"Auta."

Ta ɗago jajayen idanunta.

"Tashi ki riƙe mini sandar nan. Kuma ki goge fuskarki, kin yi muni."

Ta taso tana kuka tana dariya, ta karɓa da hannu biyu.

Magini ya damƙi tsanin, ya kafa ƙafarsa mai lafiya a gindinsa. Kafinta ya sa ƙafa a matakin farko, ya tsaya, fuskarsu dab da juna.

"Ka yafe mini?"

"Ban ce ba," in ji Magini. "Riƙewa kawai na yi. Hau."